Gidan miliyan 10 da ake biya miliyan 23

Ranar Juma'ar da ta wuce, bayan an sauko daga masallaci, ɗan yayata ya biyo ni gida da wata ambulan ruwan ƙasa a hammatarsa. Malamin makarantar sakandare ne a nan Garwa, arewacin Kamaru, shekararsa 38, yana da mata da 'ya'ya huɗu, yana zaman haya a Yalwa. Tun daga zaure na ga fara'a a fuskarsa. Ya zauna a kan tabarma, muka gaisa, ya ce, "Kawu, banki sun amince. Miliyan 10 za su ba ni in gina filina na Jambutu. Dubu 96 da ɗari biyar kawai za a riƙa cirewa a wata."

Na ce, "Madalla, Allah ya sa alheri. Har tsawon yaushe?"

Ya ce shekara 20.

Na ce, "To, gaba ɗaya nawa za ka ba su ke nan?"

Ya yi shiru, ya buɗe ambulan, ya juya takardun gaba da baya. Can ya ce, "Wallahi Kawu ban lissafa ba. Abin da na duba shi ne ko albashina zai ɗauka."

Na karɓi wayarsa na buga 96,502 sau wata 240. Abin da ya fito shi ne sefa miliyan 23 da dubu 160. Na miƙa masa wayar. Ya daɗe yana kallonta, sannan ya sake bugawa da hannunsa, yana zaton na yi kuskure.

Tun ranar abin yake damuna. Yaron nan ba jahili ba ne, kuma ba mai garaje ba ne. Ya je bankin sau uku, ya zauna da ma'aikacinsu, ya cika takardu, amma babu wanda ya furta masa miliyan 23 da baki. An yi ta maimaita masa adadin wata, shi ma adadin wata ya yi ta maimaita wa matarsa da abokansa.

Matsayina a kan wannan magana a fili yake. Kuɗin gidan bashi shi ne jimillar duk abin da zai fita daga aljihunka tun daga ranar buɗe dosiye, wato fayil ɗin neman bashi, har ranar da za a mayar maka da takardar filinka. Wanda bai san wannan adadin ba bai san abin da yake saya ba, kuma bai kamata ya sa hannu ba. Wanda ya sani, galibi zai ga cewa ƙaramin bashi na gajeren lokaci ya fi masa babban bashi mai doguwar igiya, ko da kuwa gidan da zai fara shiga bai kai wanda yake mafarki ba.

Inda kuɗin wata ke tafiya

Na yi shekaru ina riƙe littafin kuɗi, don haka bari in warware lissafin yadda na warware masa a kan tabarma.

Ruwan da aka rubuta a takardarsa kashi 10 cikin ɗari ne a shekara. Yawancin mutane idan suka ji haka sai su ɗauka miliyan ɗaya ce za a ɗora a kan miliyan 10, shi ke nan. Ba haka ba ne. Kowane wata ana lissafa ruwa a kan abin da ya rage na uwar kuɗi, kuma ruwan ake fara cirewa kafin a taɓa uwar.

A watan farko, daga cikin dubu 96 da ɗari biyar ɗin nan, 83,333 ruwa ne. Abin da zai rage bashin 13,169 ne kacal. A wata na biyu ruwan zai sauka da ɗan abin da bai kai kuɗin cefanen safe ba. Haka za a yi ta tafiya.

Bayan shekara biyar zai kasance ya biya kusan miliyan 5 da dubu 790. Idan ya je ya tambayi saura nawa, za a ce masa miliyan 8 da dubu 980. Shekara biyar ana yankar sulusin albashinsa, bashin ya ragu da miliyan ɗaya da 'yan kai.

Bayan shekara goma, wato rabin tafiya, ya biya miliyan 11 da rabi da ɗoriya, fiye da abin da ya karɓa tun farko. Amma har lokacin ana binsa miliyan 7 da dubu 300.

Wannan ba zamba ba ce, haka lissafin yake a ko'ina a duniya. Kuma yana nan a rubuce a wata takarda da ake kira tablo, jadawalin biyan bashi, mai nuna kowane wata nawa ne ruwa, nawa ne uwa, nawa ya rage. Abin da ya ɓata mini rai shi ne wannan tablo ba ya cikin ambulan ɗin. An ce masa za a ba shi bayan an saki kuɗi. Ina amfanin awo bayan an yanka yadi?

Akwai wani wuri da na fi so mai karatu ya tsaya. Da a ce shekara 15 ya zaɓa maimakon 20, kuɗin wata zai zama 107,461, jimilla kuma miliyan 19 da dubu 343. Bambancin wata bai kai dubu 11 ba. Bambancin jimilla ya haura miliyan 3 da dubu 800. Ma'aikacin bankin da ya ce masa "mu ja shi zuwa 20 don ka samu sauƙi" ya sauƙaƙa masa dubu 11 a wata, ya ɗora masa kusan miliyan huɗu da ƙarin shekara biyar a ɗaure. Da shekara 10 ce, zai biya 132,151 a wata, jimilla miliyan 15 da dubu 858. Duk shekarar da aka ƙara a ƙarshen igiya tsadarta ta fi sauƙin da take kawowa.

"Ai haya asara ce"

Wannan ce hujjar da ya fara kawo mini, kuma ita ce kowa ke kawowa. Yana biyan dubu 45 a wata a Yalwa. Ya ce, "Kawu, gara in zuba a nawa da in zuba a na wani."

Na fahimci zafin. Wanda bai taɓa zaman haya ba bai san ɗacin a ce maka ɗan mai gida zai yi aure, ka nemi wuri kafin ƙarshen wata ba. Bai san yadda mace ke ji idan ba ta da ikon dasa ko bishiyar zogale a tsakar gida ba. Mutum mai iyali yana son ƙofar da zai rufe ya san tasa ce, kuma wannan buri ne mai kyau.

Amma ruwan banki shi ma haya ne. Hayar kuɗi ce. A watan farko zai biya 83,333 na hayar kuɗi, kusan ninki biyu na abin da yake ba mai gidansa. A shekara 20, hayar Yalwa in ba ta canza ba miliyan 10 da dubu 800 ce, ruwan banki kuwa miliyan 13 da dubu 160. Gaskiya ne haya za ta hau, gaskiya ne kuma a ƙarshen bashi gida zai zama nasa, a ƙarshen haya kuwa sai tarin rasit. Ban musa ba. Abin da na ƙi yarda da shi shi ne a ce duk abin da aka ba banki "a naka kake zubawa". A shekarun farko, cikin kowace dubu bakwai da ya biya, dubu ɗaya ce kawai tasa.

Kuma mutane suna mantawa da lokacin gini. Gida ba ya tashi a wata guda. Tsakanin ranar da aka saki kuɗi da ranar tarewa, zai biya haya ya biya banki a tare. Idan an ce an ɗaga masa ƙafa na wasu watanni, ya tambaya ko ruwa na tafiya a cikinsu, don galibi yana tafiya.

Kuɗin da ba ya cikin adadin wata

Miliyan 23 ɗin ma ba su ne ƙarshe ba.

Banki ba ya karɓar takardar jauro ko ta lawan, wato shugabannin gargajiya na unguwa da ƙauye, a matsayin jingina. Takardar mallaka ta hukuma yake so, wadda muke kira titir fonsiye, wadda tun dokar filaye ta 1974 ita ce shaidar mallakar ƙasa a Kamaru. Tun 2005 an sauko da bayar da ita daga Yawunde zuwa matakin yankuna, amma duk wanda ya bi hanyar ya san akwai kuɗin masu awo, da na kafa duwatsun iyaka, da na zuwan kwamiti, da sintirin ofis-ofis da ke cin watanni. Ɗan yayata ya riga ya wuce wannan, kuma bai sa abin da ya kashe a lissafin gidan ba.

Daga nan sai notar, jami'in da doka ta ba ikon rubuta yarjejeniya da tabbatar da ita, don jinginar fili mai titir ba ta ƙulluwa sai ta hannunsa. Sai kuɗin rajistar jinginar a ofishin filaye. Sai kuɗin buɗe dosiye. Sai wanda zai zana gida ya ƙiyasta kuɗin gini, sai izinin gini daga hukumar gari. Sai inshorar rai da ta gobara, waɗanda ake biya muddin bashin na nan. Sai harajin TVA da ake ɗorawa a kan kaya da ayyuka, kashi 19.25 cikin ɗari, wanda ya kamata kowa ya tambaya ko an ɗora shi a kan ruwan bashinsa, kuma ko yana cikin adadin da aka faɗa masa. Ranar da ka gama biya ma akwai kuɗin cire jinginar daga takardarka.

Saboda irin wannan ne dokar yankinmu na CEMAC, ƙungiyar tattalin arziki ta ƙasashen Afirka ta Tsakiya, ta wajabta wa bankuna su bayyana abin da ake kira TEG, wato ainihin tsadar bashi a shekara bayan an haɗa ruwa da sauran kuɗaɗen da suka rataya a kansa. Wannan shi ne adadin da ake gwada banki da banki da shi. A takardar ɗan yayata yana nan, a shafi na uku, da ƙananan haruffa, da Faransanci irin na lauyoyi. Malamin makaranta bai lura da shi ba. Ina ga ɗan kasuwar da karatunsa na allo ne, wanda zai dangwala hannu bisa amana?

A nan nake ganin laifin ya wuce na mai karɓar bashi. Doka ta ce a rubuta, an rubuta. Amma haƙƙin mutum ba ya sauka don an ɓoye gaskiya a shafi na uku. Ya kamata a tilasta wa kowane banki da kowace ƙaramar ma'ajiya su sa adadi uku a shafin farko da manyan lambobi: abin da za ka karɓa, jimillar abin da za ka biya, da ranar da za ka gama. Kuma a karanta wa mutum da Fulatanci ko Hausa ko Larabcin Shuwa in ya nema, kafin ya sa hannu. Mai sayar da shanu a kara ba ya ce maka "kawo dubu goma duk sati" ba tare da ya faɗi kuɗin sa ba.

"Siminti ba ya jiran kowa"

Wannan ita ce hujja mafi ƙarfi, kuma ba zan raina ta ba. Ya ce, "Kawu, in na tsaya tarawa, kafin in tara miliyan 10 ginin ya koma 15." Yana da gaskiya a wani ɓangare. Ga masana'antar siminti a Figil, tafiyar da ba ta kai awa biyu ba daga nan, amma buhu bai taɓa yi mana araha ba. Rodi da kwano da katako daga kudu suke hawowa, kuɗin mota na kansu. Filin da aka sayar da 'yan dubbai a bayan gari shekarun baya yau ana maganar miliyoyi. Haka kuma dubu 96 ta shekara 15 mai zuwa ba za ta kai nauyin dubu 96 ta yau ba. Idan ruwan bashi tsayayye ne, hauhawar farashi na ɗan taimakon wanda ake bi.

Sai dai wannan taimakon yana da sharaɗi guda: albashi ya riƙa hawa tare da farashi. Mu kuwa mun ga abin da ya faru. A watan Fabrairun 2023 an ƙara wa ma'aikatan gwamnati kashi 5.2 cikin ɗari, a daidai lokacin da litar fetur ta tashi daga 630 zuwa 730. A 2024 aka ƙara kashi 5, lita ta koma 840. Mu nan arewa da muka dogara da man da ke shigowa daga Najeriya, tun da aka cire tallafi a can a 2023 muka san sauƙin nan ya tafi. Idan dawa da kuɗin makaranta da magani suna gudu albashi yana rarrafe, kashi biyu cikin ukun da banki ya bar maka su ne ke ƙanƙancewa. Sulusin banki ba ya motsi.

Kuma waɗanda suka kai shekaruna ba su manta 1993 ba. Sau biyu aka zaftare albashin ma'aikata a shekara guda, sannan a watan Janairun 1994 aka karya darajar sefa da rabi. Na san wani dattijo a unguwarmu, Allah ya jiƙansa, da ya shiga wannan shekarar da bashin gini a wuyansa. Albashi ya faɗi, abin da ake cirewa bai faɗi ba. Na ga ranar da aka fito da keken ɗinkin matarsa da firij aka ɗora a kan kura zuwa kasuwa. Gidan ya tsira, amma babban ɗansa ya bar makaranta a shekarar, bai koma ba. 'Yan uwanmu na Cadi sun ɗanɗani irin wannan a 2016 da aka rage alawus-alawus na ma'aikata bayan faɗuwar farashin mai. Shekara 20 doguwar hanya ce, kuma babu wanda ya taɓa yin ta a ƙasashen nan bai haɗu da gargada ba.

Ga kuma maganar canjin wurin aiki. Malamin gwamnati ba shi da tabbacin zai ƙare aikinsa a Garwa. In aka tura shi Tibati ko Batuwa, zai kama haya a can, ya sa ɗan haya a gidansa na nan. Gidan da ke bayan gari a Jambutu, wa zai ba shi dubu 96 a wata a kansa?

"Kuɗinmu ne a Crédit Foncier"

Wani abokina da na ba shi labarin ya ce laifin yaron ne da ya je bankin kasuwanci. Ya ce ai duk mai albashi ana cire masa kashi 1 cikin ɗari don Crédit Foncier, bankin gwamnati mai ba da bashin gina gida, mai ba shi aiki ya ƙara kashi 1.5, kuma tun 1977 aka kafa shi don irin wannan buƙata.

Na yarda ya kamata ma'aikaci ya fara ƙwanƙwasa wannan ƙofar, tunda guminsa na ciki kuma ruwanta ya fi na kasuwa sauƙi. Na ma ce wa ɗan yayata ya je ya ji. Amma sauƙin ruwa bai soke lissafi ba. Mu ɗauka a misali an ba ka miliyan 10 a kan kashi 6. A shekara 20 za ka biya 71,643 a wata, jimilla miliyan 17 da kusan dubu 200. A shekara 10 kuwa 111,021 a wata, jimilla miliyan 13 da dubu 322. Ka ga tsakanin kashi 10 da kashi 6 a shekara 20 akwai kusan miliyan 6. Wannan ya isa ya sa mutum ya yi haƙurin bin layi, ya yi sintirin takardu, maimakon ya faɗa hannun wanda ya fi saurin sakin kuɗi. Amma ko a can, tambayar ita ce dai: gaba ɗaya nawa?

Wanda ya fi ba ni tsoro shi ne mai zuwa ƙananan ma'ajiyoyi ya ɗauki bashin kasuwanci ya zuba a gini. A can ana faɗin ruwa da wata. "Kashi biyu ne kawai." Kashi biyu a wata kashi 24 ne a shekara. Bulo ba ya haihuwa, gini ba ya juya kuɗi kamar buhun masara, da me za a biya?

Maganar addini

Na san da yawa daga masu karatu tun daga sakin layi na farko sun ce, "Ai wannan duk bai taso ba, kuɗin ruwa haram ne." Ayar tana nan a Baƙara, Allah ya halatta ciniki ya haramta riba, kuma na faɗa wa ɗan yayata ya je ya zauna da malaminsa kafin ya zauna da banki karo na huɗu. Fatawa ta malamai ce.

Abin da na gani da idona shi ne mutanenmu da yawa suna karɓar bashin nan a ɓoye. Saboda kunyar a ji, ba sa nuna wa kowa takardar, ba sa shawara, ba sa gwada wani banki da wani. Sai su haɗa nauyin zuciya da mummunan ciniki. Shirun da muke yi bai hana kowa zuwa banki ba, ya dai hana su zuwa da ido a buɗe.

Yanzu akwai tsarin kuɗi na Musulunci, an yi masa doka a yankin CEMAC a 2022, wasu bankuna kuma sun buɗe masa sashe. A murabaha banki ne zai sayi kayan ya sayar maka da ƙarin da kuka yi yarjejeniya a kai, ka biya kaɗan-kaɗan. Abin da na fi so a wannan tsari shi ne tun ranar farko ana faɗa maka jimilla, don ciniki ba ya ƙulluwa sai an san farashi. Amma kada wani ya ɗauka halal na nufin araha. Ƙarin na iya yin nauyi, kuma tsawon lokaci na ƙara shi. A can ma ka ɗauki wayarka ka buga.

Aya mafi tsawo a Alƙur'ani a kan bashi ta sauka: a rubuta shi, a ambaci ajalinsa, a kafa shaidu, wanda ake bi shi ne zai yi shifta. Wanda zai yi shiftar bashi dole ya san adadinsa. Mu da aka yi wa wannan umarni bai dace a same mu muna sa hannu a kan abin da ba mu lissafa ba.

Kuma kowa ya san ba a raba gado sai an biya bashi. Inshorar rai na iya sauke abin da ya rage idan mutum ya rasu, in an cika sharuɗɗanta. Ba kasafai take shiga ba idan aiki ne ya tsaya ko albashi ya yanke. A irin wannan hali dokar OHADA, dokar kasuwanci ta bai ɗaya wadda Kamaru da Cadi duk suke bi, ta ba mai bin bashi hanyar kai gidan gwanjo ta kotu. In kuɗin gwanjon bai rufe bashin ba, sauran na nan a wuyanka. Mutum zai iya biyan shekara takwas ya fita ba gida, ba kuɗi.

"Gini da adashi ba ya ƙarewa"

Iyayenmu da adashi suka yi gini. A kwashi na bana a sayi yashi da siminti a buga bulo, na baɗi a kai linta, na gaba a rufa ɗaki biyu a shiga, sauran a ƙarasa ana ciki. Sannu ba ta hana zuwa.

Ba zan ɓoye aibin wannan hanya ba. Duk wanda ya zaga bayan gari ya ga kangaye, bango ya sha damina biyar ya yi baƙi, ciyawa ta fito a falo, awaki sun mayar da shi makwanci. Bulon da aka bari a rana da ruwa yana lalacewa, kuɗin da aka ware na kwano biki ko rashin lafiya na cinye shi. Wani ya fara gini da baƙin gashi ya tare da furfura, wani ma bai tare ba. Wannan ma tsada ce, ko da ba a rubuta ta a tablo.

Shi ya sa ban ce wa yaron nan ya yaga takardar ya koma jiran adashi ba. Tambayarsa na yi: me ya sa miliyan 10? Ya zaro zanen gidan. Ɗaki huɗu, falo biyu, kowane ɗaki da banɗakinsa, tayil har tsakar gida, ƙofar ƙarfe mai shigar mota, alhali babur yake hawa. Na ce masa wannan gidan mutumin da ya gama biyan kuɗin makarantar 'ya'yansa ne.

Muka ɗauki fensir muka raba zanen biyu. Katanga, ɗaki biyu da falo, kicin, banɗaki, rijiya ko jan famfo, rufi mai kyau da silin saboda zafin Maris da Afrilu, harsashi kuma a ɗaga shi sosai, don wanda ya ga ambaliyar Binuwai ta 2012 ba ya wasa da harsashi. Ya kira wani birkila da ya sani, suka yi ƙiyasi a waya, abin ya tsaya wajen miliyan 6.

Na sake karɓar wayar. Miliyan 6 a kan kashi 10 ɗin nan dai, a shekara 7, ya kama 99,607 a wata. Kusan daidai da abin da ya riga ya yarda albashinsa zai ɗauka, ƙarin dubu uku ne. Jimilla miliyan 8 da dubu 367. Ruwa miliyan 2 da dubu 367, a maimakon miliyan 13 da dubu 160. Zai gama yana da shekara 45, ba 58 ba, shekarun da saura biyu kacal ya yi ritaya. Shekaru 13 da suka rage, kuɗin da da banki zai riƙa ɗauka ya haura miliyan 15, kuma a hannunsa zai zauna. Da shi zai ƙara ɗakunan, a daidai lokacin da babbar 'yarsa za ta shiga jami'a a Gaundare ko Marwa.

Ya ce, "Amma Kawu, maman yara ta riga ta ga zanen."

Na ce ya kawo ta, ko in je da kaina. Ita ce za ta riƙa auna dawa da abin da ya rage na albashi har shekara 20, ya kamata ta ga lambobin nan kafin kowa. Ranar Lahadi suka zo tare. Ta zauna daga gefe da mayafinta, na karanta mata adadi biyun, ta sa na maimaita na biyun. Tambaya ɗaya ta yi, wadda ni da shi duk ba mu yi ba: idan Allah ya hore suka samu kuɗi a tsakiyar tafiya, za a bar su su biya gaba ɗaya su huta, ko akwai tara? Muka duba takardar shafi-shafi, muka same shi a shafi na biyar. Akwai tara.

Jiya Litinin ya koma bankin da tambayoyi huɗu a rubuce a bayan ambulan: tablon miliyan 6 a shekara 7, TEG ɗinsa, jimillar kuɗin notar da inshora da haraji, da nawa ne tarar biya kafin lokaci. Ya ce ma'aikacin ya dube shi ya ce, "Malam, wa ya koya maka wannan?" Sun ce ya dawo ranar Alhamis.